Tabo a Idon Wanzami

Burodi biyu na Damagaram, robar ruwa da aka sha rabi, baƙin tabarau na rana, gilashin ƙara girman abu a cikin kwalinsa, hoton cikin ido a babbar ambulan, da zabirar kayan aski. Duk sauran kayan suna kan cinyar Najaha. Zabirar ce kaɗai a kan cinyar mahaifinta, Sallau wanzami, ya ɗora hannu biyu a kanta.

Motar ta wuce Takeita, ta karkata kudu ta kama hanyar Matameye. Sallau ya dubi ƙeyar direba, don wanzami ba ya zama bayan mutum bai dubi ƙeyarsa ba. Babu ƙeyar. Ga kafaɗu biyu, ga madubi a sama, ga hular fasinjan da ke dama, amma inda kan direban ya kamata ya kasance sai wani toka-toka, kamar an shafa yatsa mai maiƙo a gilashi. Ya mai da ido kan hular. Hular ta ɓace, ƙeyar direba ta fito a gefe, dishi-dishi. Tana bukatar aski.

Ya gyara zama. Ya sake gyarawa.

Idon dama ya daɗe a haka, bai damu ba tunda na hagu na aiki. Bara da damina na hagun ya fara. A idonsa ƙofar zaurensa ta lanƙwashe a tsakiya, turken fitilar bakin hanya ya yi ciki. Ya gaya wa taubashinsa Zakariya mai rake, wanda aka cire wa yanar ido a Damagaram ya dawo yana zura zare a allura da kansa. Zakariya ya ce ai yanar ido ce, kuma ba a taɓa ta sai ta nuna. In ka je da wuri koro ka za su yi, su ce ka dawo. Haka aka yi masa, haka aka yi wa limamin unguwarsu. Sallau ya sa kwalli, ya zauna jiran yanar ta nuna.

Najaha ce ta katse jiran. Ta dawo daga karatu a Maroko, ta kama aiki a ma'aikatar ruwa, ta lura mahaifinta na gaishe ta yana kallon kafaɗarta. Ba ta tambaye shi ba. Ta dai sayi tikiti biyu.

Likitan na Damagaram matashi ne, bai ja magana ba. Ya ɗiga masa magani, ya haska, ya ɗauki hoto da na'ura. Ya ce babu wata yana da za a cire. A can bayan ido akwai wata fata siririya da ke karɓar hoton duk abin da mutum ya kalla. Tsufa ya sa ƙananan jijiyoyin jini sun tsiro a ƙarƙashin tsakiyarta, suka yi ta yoyo, jinin ya bushe, wurin ya warke da tabo. Da ya zo lokacin da ƙofa ta fara lanƙwasa, akwai allurar da ake yi cikin ido, tana iya tare abin. Yanzu gefen ganin zai zauna, zai yi tafiyarsa ba ɗan jagora, amma tsakiyar ta tafi.

Najaha ta yi ta jero tambayoyi da Faransanci. Sallau tambaya ɗaya ya yi.

"Tabon ja ne, ko ya yi fari?"

"Ya yi fari, Baba."

Bai ƙara ba. Tun yana saurayi yake tsaga fata. Ya san tabon da zai dushe, ya san wanda za a binne mutum da shi.

"Akwai asibitin ido a Kano," in ji Najaha yanzu, bakinta kusa da kunnensa saboda ƙarar mota. "Wata da muka yi karatu tare ta san wani a can. In ba a dace ba, Yamai."

"To."

"Kafin nan ka ajiye aiki."

"Hannu ke aski."

"Baba."

"Kin taɓa jin wani ya zo ya ce na yanke shi?"

Ta buɗe ambulan ɗin, ta leƙa, ta rufe. Ta danna salularta, ta kashe, ta sake dannawa. A Kance mota ta tsaya aka sauke buhunan siminti, direba ya ɓace wajen mai shayi. Zafi ya cika motar. Sai salular Sallau ta yi ƙara cikin aljihu. Ya lalubo maɓallin da babban yatsa, ba dubawa.

Marwan ne, ɗan Hajiya Kaltuma. Gidan nan wanzamancinsa na su Sallau ne tun kakanni. Sallau ya yi wa Marwan askin suna, shi ya yi masa kaciya, gobe kuma sunan ɗan Marwan na fari.

"Baba Sallau, kana ina? Hajiya ta aika gida sau biyu."

"Ina hanya. Ai gobe ne."

"Ba zancen suna ba ne. Yaron ya ƙi kama nono tun jiya, sai kuka. Hajiya ta ce belu ne, a cire yau kada a kwana."

"In na sauka zan zo."

Najaha ta ji komai. Belu, ɗan naman nan da ke rataye a ƙarshen ganɗa, ta san da wace aska ake cire shi, ta san inda askar take a cikin zabira.

"Ba za ka je ba," ta ce.

"Wa zai je?"

"Yaya Muntaka. Ko kuma su kai shi likita, wanda shi ne daidai."

"Muntaka mai injin aski? Mai yi wa samari zanen tauraro a ƙeya?"

"Ɗanka ne, kai ka koya masa aska kafin ya sayi inji."

"Na koya masa ya ajiye."

Direba ya dawo yana goge baki. Motar ta tashi.

A tashar Matameye Zakariya na zaune a inda yake zama kullum, ƙarƙashin dalbejiya, da raken farkon kaka jingine a baro. Sallau bai ga fuskarsa ba. Ya gane shi da baron da kuma yadda yake miƙe ƙafa ɗaya.

"Ga makaho ya dawo," in ji Zakariya. "Najaha, sannu da hanya. Sun cire, ko sun ce ƙazantar ta yi yawa?"

"Sannu, Baba Zakariya," ta ce.

"Kai da aka cire wa, me ka gani tun daga lokacin ban da raken da ba mai saye?" in ji Sallau.

"Na ga tsufanka. Yaya, ta nuna?"

Sallau ya sauya wa zabirar kafaɗa. "Sun duba."

"Ba na gaya maka ba? Sai ta nuna. To zo ka rage min wannan gashin, gobe akwai suna gidan Hajiya, ba zan je kamar bunsuru ba."

Najaha ta taɓa hannun rigar mahaifinta. Ya janye. Ya tsuguna, ya buɗe zabira, ya fiddo aska da dutsen washi da sabulu. Ya wasa askar, ya gwada ta a gashin hannunsa, ya jiƙa kan Zakariya da ruwan robar da suka taho da ita.

Kan ya ɓace a cikin tokar nan da zarar ya dube shi. Amma yatsun hagu suka tafi gaba, aska ta bi su. Ga tudun da ke bayan kunnen dama. Ga tsohon saran lauje na tun suna yara. Ga ninkin fatar ƙeya da sai an ja ta sama. Aska ta yi ta tafiya da ƙaramin sautinta, gashi na zuba a kan tsumma. Zakariya na ta zuba labarin wani mutum a Kurni da ke kwantar da yanar ido da allura a gida, ba sai an je Damagaram ba.

Da ya gama, Zakariya ya shafa kansa daga goshi zuwa ƙeya.

"Sumul. Allah ya bar mana kai, mugun taubashi."

Sallau ya goge askar, ya juya wajen da 'yarsa take tsaye. Bai ga abin da ke fuskarta ba.

"Kai kayan gida," ya ce.

"Tare za mu."

"Ba a zuwa aiki da 'ya."

Ta bi shi duk da haka, a bayansa, da burodi da ambulan a hannu. Ya yi sauri. Ya kauce wa kwata, ya kauce wa igiyar akuya, ya amsa gaisuwar mutum uku da muryoyinsu. Ba wanda zai gan shi a hanya ya ce wani abu ya same shi. A zauren gidan Hajiya Kaltuma ya ce wa Najaha ta tsaya nan, ya yi sallama ya shiga.

Tsakar gidan cike take da shirin gobe. Ana daka, ana wanke manyan tukwane, rago na ɗaure a gindin rumbu. Kukan jariri na fitowa daga ɗakin gabas, siriri, yana yankewa yana dawowa.

"Sai yanzu?" in ji Hajiya Kaltuma. Ya gane ta da faɗin jiki da ƙarar awarwaro. "An ce ka tafi Damagaram. Lafiya?"

"Lafiya lau, Hajiya. A fito da shi haske."

Aka shimfiɗa tabarma a bakin ƙofa. Hajiya ta zauna ta miƙe ƙafafu, aka miƙo mata yaron a cikin zane. Uwar, Basira, ta tsaya daga cikin ɗaki ta juya baya. Marwan ya tsaya nesa kaɗan yana murza salula.

Sallau ya durƙusa. Ya fiddo ɗan itacen danne harshe da 'yar askar belu mai lanƙwasa a baki. Ya yi bismilla. Ya sa tafin hannu ƙarƙashin kan yaron, ya ji zafi ya ratso zanen, zafin da ya fi na kuka.

Ya dubi bakin. Babu baki. Ga 'yan ƙafafu na harbawa, ga zoben Hajiya, ga kaza tana wucewa ta gefen tabarma, ga ƙofa. Tsakiya toka.

Ya kawar da ido zuwa bango, yadda yake yi in yana son ya ga fuskar mutum. Bakin ya fito a gefe, wani abu ja mai motsi, ba harshe daban, ba ganɗa daban.

"Sallau, yaron na nan," in ji Hajiya. "Me kake nema a bango?"

"Ƙudaje nake kora da ido."

Matan da ke daka suka yi dariya. Ya danna harshen da itace, kukan ya shaƙe. Ya kai askar bakin leɓe, ya shigar da ita kaɗan. Yatsunsa suka jira su gane wurin, yadda suka gane kan Zakariya. Ba su gane komai ba. Kan Zakariya sun san shi tun ba a haifi Marwan ba. Wannan maƙogwaron bai kai mako a duniya ba, kuma yatsa ba ya shiga inda askar za ta. Yaron ya haɗiye, wani abu mai laushi ya taɓa ƙarfen. Sallau bai san ko belun ne, ko harshe, ko gefen maƙogwaro ba.

Ya zaro askar a hankali. Ya shafa bakinta da babban yatsa. A bushe take, sai yawu.

"Yaya?" in ji Hajiya.

"Bai sauko sosai ba," ya ce. "A bar shi ya ƙara kwana biyu."

"Ka tabbata?"

"A jira ya nuna."

"To, kai ka sani." Ta naɗe yaron. "Basira, karɓi. Wanzami ya ce a jira."

Ya mai da kayan cikin zabira, ya ɗaure, ya miƙe. Marwan ya raka shi har bakin zaure yana godiya, ya koma. Najaha na tsaye jikin bango.

"Ka yi?"

"Ban yi ba."

Ta sauke numfashi. "Me ka ce musu?"

"Na ce a jira."

"A jira me?"

Ya sa ƙafa ɗaya waje, ya tsaya. Tafin hannunsa na hagu har yanzu da ɗumin kan yaron. Daga ciki kukan ya sake tashi, ya yanke, bai dawo da wuri ba. Za su jira. Hajiya ba za ta kai yaro likita ba alhali wanzamin gidan ya ce kwana biyu. Shi ma da aka ce masa ya jira, damina ta wuce, rani ya wuce, bai motsa ba.

Ya dawo da ƙafar. Ya miƙa wa Najaha zabirar, abin da bai taɓa yi ba, ya koma ciki ba sallama.

"Hajiya."

"Ka manta wani abu?"

"Abin da na faɗa ɗazu, ku bar shi. Ban ga belun ba. Ban ga bakin yaron ba ma."

Dakan ya tsaya.

"Kamar yaya ba ka gani ba?"

"Idona ya tafi a tsakiya, duka biyun. Abin da ya kai ni Damagaram ke nan. Ko fuskarki ba na gani, awarwaronki nake ji."

"Kai da ka shigo nan da ƙafarka? Ka tsallake turmi, ka tsallake buta?"

"Turmi a gefe yake."

"Kuma ka sa masa aska a baki?"

"Na sa."

Ya ji awarwaron ya yi ƙara sau ɗaya, ya yi tsit.

"Jikinsa da zafi ƙwarai," ya ce. "Wannan hannu ne ya gaya min, ba ido ba. Ku kai shi likita yanzu, kada a kai la'asar. Marwan, tayar da babur."

"Yau wanzami ke tura mutane likita," in ji Hajiya, a hankali.

"Yau shi ne."

Marwan bai jira ta ba da izini ba. Sallau ya ji takunsa, ya ji ƙarar makulli, ya ji Basira tana neman mayafi. Hajiya ta miƙe da ƙyar tana dafa bango.

"Askin gobe fa? Tun kakan Marwan ba wanda ya taɓa kan jaririn gidan nan sai gidanku."

"Gidanmu zai taɓa."

Ya fito. Babur ya wuce su a lungu, Basira a baya da ƙunshin zane a ƙirji.

Kafin su isa gida labari ya riga su. Zakariya ya bar baronsa, yana tsaye a ƙofar zaure da sabon askinsa yana ƙyalli a gefen idon Sallau.

"Me nake ji? An ce ka ce ba ka gani. To kaina wa ya aske?"

"Kanka ko jaki ya aske shi, ba abin da ke ciki da zai lalace."

Zakariya bai yi dariya ba. "Ba yana ba ce?"

"Tabo ne."

"Amma ai ni..." Ya shafa kai. "To mu je Kurni. Mutumin nan na gaya maka, allura ɗaya. Jibi in raka ka."

"Ba wanda zai sa masa allura a ido a Kurni," in ji Najaha. "Ɗan ganin da ya rage ne zai tafi. Kano za mu. Na riga na aika saƙo."

"Kano da nisa, 'yata. Kurni ga ta nan."

"Ba nisa ake dubawa ba, Baba Zakariya."

Sallau ya bar su a zaure. Ya karɓi zabirar daga hannun Najaha, ya shiga tsakar gida, ya zauna a bakin ƙofar ɗakinsa. Ya zazzage kayan a kan buzu, ya bi su da yatsa ɗaya bayan ɗaya. Ƙahonin kafa ƙaho, dutsen washi, sabulu, tsumma, asake. Ya ware tsohuwar askar da ya yi wa Zakariya aski da ita, mai ƙotar da ta ci yatsansa, ya sa a aljihu. Wannan ta tsofaffin kawuna ce, waɗanda ya sani. Ya ware askar belu da itacen danne harshe, ya tura su ƙarƙashin buzu. Sauran ya mayar, ya ɗaure bakin zabirar.

Najaha ta shigo, salula a hannu.

"Marwan ya kira. Sun karɓi yaron, sun ce zazzaɓi ne mai ƙarfi, za su riƙe shi su sa masa ruwa. Ba su ce komai ba tukuna."

"To."

"Wadda muka yi karatu tare ta amsa. Ta ce mu je Kano da hoton ran Litinin."

Ya ɗaga kai ya dube ta. Ta ɓace. Ya kawar da ido zuwa randa, ta dawo a gefe, siririya, tsaye da ambulan ɗin da ba ta ajiye ba tun Damagaram. Daga zaure Zakariya na kiran sunansa.

Ya miƙe, ya ɗora zabirar a kan ambulan ɗin da ke hannunta. Ya ɗauki buzunsa da abin da ke ƙarƙashi, ya shiga ɗaki, ya jawo ƙofar langa-langa ta rufu.

"Baba?"

"Ba Kano, ba Kurni," ya ce daga ciki. "Kai wa Muntaka. Ki ce masa aski kawai zai yi, da aska, ya bar injinsa a shago. Ya je da wuri, ko a gida aka yi sunan ko a likita."